Wai mai kaɗa jita maroƙi ne?

Sadik Jita: Salam jama'a, yau raina a ɓace yake wlh. Shekara shida ina kaɗa jita, ta katako ba mai jona wuta ba, ni ke tsara waƙata ni ke ɗora mata kiɗa, ba ubangida ba kamfani, mai zaman kansa ne ni, da waya nake ɗauka a ɗakina a Pantami sai tsakar dare in janareton maƙwabta ya yi shiru. Jiya aka gayyace ni dina a Tumfure, waƙa biyu kawai na yi wani kawun ango ya karɓi lasifika wai a sallami maroƙin nan DJ ya sa mana abu mai motsi. Dubu uku aka miƙo min. Maganata ita ce wanda ke fitar da kiɗa da yatsunsa ya fi wanda kwamfuta ke yi wa kiɗa a situdiyo, amma a garin nan shi aka raina.

Kawu Bolari: Ayya ɗana ka yi haƙuri. Amma tsakani da Allah, wanda ya yi waƙa a gidan biki aka miƙa masa kuɗi ya karɓa, meye sunansa da Hausa?

Sadik Jita: Kawu gayyata ta aka yi fa, ban roƙi kowa ba, ban wasa kowa ba.

Kawu Bolari: Dubu ukun ka mayar?

Maman Ihsan: Ni dai Sadik ka daina cewa mai zaman kansa, a bakin mutanenmu kalmar nan ba ta da daɗin ji, gara maroƙin ma hhhh

Malam Buba: Kawu a gafarce ni, roƙo gado ne kuma sana'a ce mai ƙa'ida, maroƙi kirari yake yi ya kira sunan kakanninka ka ba shi. Ku duba Ali Farka Toure na Mali, an haife shi 1939, gidansu ba gidan makaɗa ba ne, danginsa ma ba su so ya yi kiɗa ba, da molo mai tsirkiya ɗaya ya fara kafin ya ga Fodeba Keita ɗan Gini yana kaɗa jita a 1956 ya ce shi ma ita zai riƙe. Ya yi aiki a gidan rediyon Mali, ya zaga Turai da Amurka, ya ci babbar kyautar waƙa ta Grammy tare da Ry Cooder ya sake ci da Toumani Diabate mai kaɗa kora, wani irin molo mai tsirkiya da yawa, duk da haka ya koma gona a garinsu Niafunke yana cewa shi manomi ne. A 2004 suka zaɓe shi magajin gari, da kuɗin aljihunsa ya gyara musu hanya yana zuba wa janareton garin mai. Wannan ne maroƙi?

Ɗan Wunti: Sai kun tafi Mali? Ga Ɗan Maraya Jos nan kusa da mu, kuntigi ne fa, gwangwani da fata da tsirkiya ɗaya tal, shi kaɗai ba 'yan amshi, ya yi wa yaran mota da talakawa waƙa har ya rasu 2015. Kuma a fadar Sarkin Hausawan Bukuru ya tashi, babansa makaɗin fada ne. Kenan maroƙi ba zagi ba ne, ku 'yan boko ne kuka mayar da shi zagi.

Malam Buba: In ba zagi ba ne ka ba wa maroƙi 'yarka mana.

Ɗan Wunti: Malam kar ka sa min iyali a magana.

Ardo Ƙarami: Ali Farka namu ne mu Fulani, na ji shi da kunnena yana waƙa da Fulatanci.

Malam Buba: Ya yi da Fulatanci, ya yi da Sonrai, da yaren Buzaye da Bambara. Farka ma ma'anarsa jaki, iyayensa suka laƙaba masa don taurin rai, shi ne na goma kuma duk yayyensa sun rasu suna jarirai.

Ardo Ƙarami: Wa kake kira jaki?

Malam Buba: Subhanallah Ardo karanta da kyau mana.

Ardo Ƙarami: Na karanta, ina cewa namu ne kana kawo jaki, mun gane.

Ɗan Wunti: Mutanen Gombe kenan, komai naku ne. Shekaranjiya 1996 aka yanke ku daga jikinmu mu 'yan Bauchi har kun fara rabon gadon Mali.

Maman Ihsan: To kai me kake yi a guruf ɗin Gombawa? Koma Wunti ka ci masa, ita kaɗai kuka fi mu.

Kawu Bolari: Ni tambayata ɗaya har yanzu ba a amsa ba, Shata da kalangunsa har ya bar duniya 1999 yana wasa masu kuɗi suna ba shi motoci, wa ya isa ya raina shi? Yaro bai kai ko'ina ba yana ƙyamar suna.

Ɗan Wunti: Kuma ma gita ake cewa ba jita ba.

Maman Ihsan: Jita dai, tun muna firamare.

Admin Alhaji Sale: Ya isa haka, sallar la'asar ta yi. Abin da na fahimta, kusan kowa ya yarda da Kawu cewa duk wanda ya karɓi kuɗi a gidan biki maroƙi ne ko da jita ko da kalangu, kuma ba abin kunya ba ne. Malam Buba ya kawo dogon tarihi amma na wata ƙasa ne, bai shafe mu ba. Ardo a yi haƙuri. Sadik shawarata ka koma shagon babanka a babbar kasuwa ka bar jitar sai ranar Lahadi. An rufe maganar.

Malam Buba: Kusan kowa? Mutum biyu ne fa Alhaji, kuma Kawu surukinka ne.

Sadik Jita: Tun safe na turo waƙar nan guruf, har yanzu mutum ɗaya ne ya buɗe ta.

Maman Ihsan: Ni ce, kuma data ta ƙare a rabi.