Littattafan Indiya: abin da aka tsayar a wata tattaunawa kan waɗanda suka dace a karanta

1. Kusan kowa ya ce a fara da The Palace of Illusions (2008) na Chitra Banerjee Divakaruni. Labarin Mahabharata ne, wato wata tsohuwar almarar Indiya, daga bakin Draupadi, matar 'yan'uwa biyar. Wurin da ɗaya daga cikin mazajenta ya sa ta a caca ya faɗi, aka jawo ta gaban fada, ni ma ya tsaya mini a rai.

2. The Immortals of Meluha (2010) na Amish Tripathi ya raba kawuna. Wasu sun ce yana tafiya kamar fim ɗin Indiya, wasu suka ce rubutun ɗanye ne, bai nuna ba.

3. Asura (2012) ya ba Ravana, sarkin da ake ɗauka mugu a tsohuwar almarar Ramayana, damar faɗin nasa ɓangaren, sai dai an koka da tsawonsa.

4. Wanda bai san asalin labarin Mahabharata ba, ya fara leƙa Jaya na Devdutt Pattanaik.