Neman kalma: me za mu ce da choke na bakin bindiga?

'Yar Sashen Wasanni: Salamu alaikum. Don Allah a agaza mini, gobe da la'asar zan shiga situdiyo. An ba ni rahoto in fassara kan gasar harbi ta Olamfik, wadda inji ke cilla faifan yumɓu sama a harbe shi, da kuma masu farautar tsuntsaye a Ingila. Kalma ɗaya ta tsaya mini a maƙoshi: choke. Kusan kowane sakin layi sai ta fito. Abin da na gane, ƙarshen bakin bindigar ne ake ɗan matsewa ta ciki. Na rubuta "mashaƙi", na duba, na goge.

Bakaniken Ƙofar Ruwa: Cok ne mana, Anti. Wanda ake ja a janareta da babur da sassafe. Har na dogon ƙwan lantarki ma cok muke cewa. Ki ce cok ki wuce, kowa ya sani.

'Yar Sashen Wasanni: Matsalar ke nan, kowa ya san na janareta. In na ce ɗan wasa ya canza cok, mai sauraro zai ɗauka bindigar ce ta ƙi tashi.

Malamin Nahawu: Gara da kika goge, 'yata. Mashaƙi ai mai shaƙa ne, kunne zai tafi wajen masu shalisho. Kusa da shi kuma ga mashaƙo, cutar da ta addabi Kano a 2023. Tushen shaƙe bai dace ba. Abin da ya dace matsuki, daga tsuke, a kan ƙirar mabuɗi, marufi, magirbi. Jam'i matsukai. Magana ta ƙare.

Baƙon Bamingham: Allah ya gafarta Malam, kafin a yanke bari in faɗi aikin abin, don ina zuwa filin harbin faifai a nan Ingila duk ƙarshen mako. Wannan bindiga ba harsashi ɗaya take fitarwa ba, ƙananan ƙwayoyi ne ɗaruruwa a cikin kwanso ɗaya. Da sun bar baki sai su bazu, kamar an watsa wa kaji tsaba. Matse ƙarshen bakin yana sa su jima a dunƙule kafin su watse. Matsewar kuwa 'yar mitsitsiya ce: faɗin ramin bindiga mai lamba 12 kusan milimita 18.5 ne, mafi tsananin matsi na yau da kullum bai wuce kusan milimita 1 ba. Ana auna shi a jikin allo ko takarda: a zana da'ira mai faɗin inci 30, a ja baya yadi 40, a harba, a ƙirga ƙwayoyin da suka faɗa ciki. Bakin da ba a matse ba yana zuba kamar kashi 40 cikin 100, rabin matsi kamar 60, cikakke kamar 70. Anti, ki kula kar ki ce yana ƙara wa bindiga ƙarfi. Ba ya ƙara komai, tattarawa kawai yake.

'Yar Sashen Wasanni: Kai! Wallahi "domin ƙara ƙarfin harbi" na rubuta a layi na biyu. Allah ya saka, Yaya.

Jikan Sarkin Baka: Mu a daji ba mu taɓa ba shi suna ba, amma mun san shi. Kakana yana da mai baki biyu, yakan ce bakin dama na kusa ne, na hagu na nesa. In makwarwa ta tashi a gabanka ka saki na dama, in ka kuskure ta yi nisa ka bi ta da na hagu. Mukan ce wannan bindiga tana watsawa, waccan tana tarawa. Bindigar toka kuwa ba ruwanta, baki ɗaya take daga gindi har ƙarshe.

Baƙon Bamingham: Daidai, haka ake ƙera masu baki biyu na gefe da gefe a nan ma. A gasar Olamfik kuma iri biyu ne. A sikit faifan yana gilmawa kusa da kai daga ɗakuna biyu, ɗaya sama ɗaya ƙasa, sai a yi da buɗaɗɗen baki. A taraf kana tsaye mita 15 bayan ramin da injinan suke, faifan gudun ka yake yi, dole baki mai tarawa. Faifan milimita 110 ne faɗinsa, kuma ba a yarda nauyin ƙwayoyin kwanso ya wuce giram 24 ba, ka ga duk ƙwayar da ta bauɗe asara ce.

Malamin Nahawu: To duk wannan bayani ai matsuki yake nunawa.

Hajiya Mai Ɗinki: Ni dai da na ji bayanin zariyar wando ta zo mini. A ja ta tsuke, a saki ta buɗe. Zariyar bindiga!

Bakaniken Ƙofar Ruwa: Hajiya, Zage-zagi za su kai ƙara.

Ɗalibin Fassara: Takunkumi fa? Tunda a baki ake sa shi.

Jikan Sarkin Baka: Takunkumi hana baki aiki yake, ƙanena. Ka sa wa bindiga takunkumi, da me za ka ci zabo?

Na Damagaram: Ina gaisuwa daga nan Nijar. Su kansu Faransawa aron kalmar suka yi, maharbansu shok suke cewa, da rabin shok, da cikakken shok. In masu Akademi, majalisar da ke tsaron harshensu, ba su ji kumya ba, mu mi za mu ji?

Malamin Nahawu: Ga irin ta nan. Don Faransa ta yi bara sai mu ma mu ɗauki ƙoƙo? Harshen da ya ba da kunama ga abin da yatsa ke ja, ya ba da harba-ka-ruga, shi zai rasa sunan ɗan ƙarfe guda? Shekara 34 na yi ina koyarwa, a idona yara suka daina cewa madubi suka koma gilas. Lalaci ne, ba rashin kalma ba.

Ɗalibin Fassara: Malam, ba musu nake ba, tambaya ce. Bindiga daga Larabci take, bunduƙiyya. Albarushi daga barud. Harsashi daga rasas, wato dalma. In muka kori aro, kunama kaɗai za ta rage a hannunmu.

Malamin Nahawu: Waɗannan sun shekara ɗaruruwa a gidan nan, sun yi aure sun haifi jam'i: bindigogi, harsasai. Cok ɗinka me ya haifa? Cokoki? Sai a ɗauka cokula kake nufi.

Bakaniken Ƙofar Ruwa: Coka-cokai, ranka ya daɗe. Mu a gareji ba ma jiran ƙamus. Ku 'yan boko ku zauna a ofis ku ƙirƙiro kalma, ku buga a littafi, kasuwa ba ta taɓa jin ta ba. Wa ka taɓa ji ya shiga shago ya ce a ba shi na'ura mai ƙwaƙwalwa?

Malamin Nahawu: A rediyo ake cewa, kuma kai ma ka gane da aka faɗa. Ba sai kalma ta shiga ƙamusun Bargery na 1934 take zama Hausa ba, haka kuma ba duk abin da aka furta a gareji ne Hausa ba.

Na Damagaram: Kullum haka ne, Kano ta yanke, mu a turo muna. Ko an tambayi maƙeran Tawa ko na Sakkwato yadda su ka cewa?

'Yar Sashen Wasanni: Iyayena, don girman Allah, gobe ne fa. Kano da Damagaram su dakata har jibi.

Baƙon Bamingham: Ina ganin abin da ya hana mu daidaitawa, kalmar abu biyu take ɗauke da su. Da farko matsin a jikin bindigar ake ƙera shi, ba ya cirewa. Wani maƙeri a Niyukasul, W. R. Pape, ya yi rajistar dabarar a 1866, sannan W. W. Greener na nan Bamingham ya gyara ta ta yi suna wajen 1874. A irin wannan bindiga babu wani ƙarfe da za ka ɗaga ka ce ga matsuki, siffar bakin ce kawai. Na zamani ne ke zuwa da 'yan bututu masu zare da ake murɗawa a ciki da ɗan makulli, an yi musu tsaga a baki: tsaga ɗaya cikakke, uku rabi, biyar buɗaɗɗe. Kalmar Malam ta zauna daram a kan bututun. Amma ba za ka ce bindigar kakan wancan bawan Allah tana da rabin matsuki ba, sai ka ce an karya shi gida biyu.

Hajiya Mai Ɗinki: To a ce tsuki mana. Mu ma a ɗinki muna cewa ƙafar wandon nan ta cika tsuki. Tsukin baki: rubu'in tsuki, rabin tsuki, cikakken tsuki, marar tsuki.

Jikan Sarkin Baka: Wannan ko kakana zai gane ba sai an yi masa bayani ba.

Bakaniken Ƙofar Ruwa: Sai dai a kiyaye, in an sauya wasalin ya zama tsaki ko tsoki, ba ruwana.

'Yar Sashen Wasanni: Bari in gwada a jimla. "Ga agwagwar ruwa, inda doka ta hana dalma kamar Amurka tun 1991, ana harbi da ƙwayoyin ƙarfe, kuma ba a son haɗa su da cikakken tsuki domin ƙarfe ba ya lotsawa, yana iya kumbura bakin bindiga." Ya zauna?

Baƙon Bamingham: Ya zauna. Masu harba ƙarfe yawanci rabin tsuki ne iyakarsu.

Malamin Nahawu: Tsuki ai ɗan ɗakin matsuki ne, tushe ɗaya, ashe gidana aka dawo ta ƙofar baya. Na yarda da shi ga siffa. Amma bututun, matsuki ne, kuma ban yafe a kira shi cok a iska ba.

'Yar Sashen Wasanni: Baba, a yi mini afuwa, sau ɗaya tak zan faɗa a farko: "tsukin baki, wanda masu harkar ke kira cok". Daga nan tsuki har ƙarshe. Matsuki zai fito wuri ɗaya, inda ɗan wasan ke canza bututu, in editana bai soke ba.

Malamin Nahawu: In ya soke ki ba shi lambata.

Na Damagaram: Mu dai a nan shok za mu ci gaba da cewa. To shi faifan yumɓun fa? Na ji ba yumɓu ba ne ma, kwalta ce da garin farar ƙasa.

Malamin Nahawu: Ina da kalma a kan wannan ma.

'Yar Sashen Wasanni: Na kashe data.