Na biya kuɗin yawon keke da koyon girki a Chiang Mai, yanzu na rasa ta inda zan ɓullo

Maman Walida: Assalamu alaikum 'yan uwa. A yi haƙuri da tsawon rubutu, kwana biyu ke nan ban yi barcin kirki ba.

Ni sana'ar abinci nake yi a gida, shekara shida ke nan. Da cincin da samosa na fara lokacin muna gidan haya, da jarin dubu 15 da yayata ta ranta min, wanda har yau idan muka samu saɓani sai ta goranta min duk da na biya ta tun kafin in haifi Walida. Allah ya sa albarka, yanzu har abincin biki da suna nake karɓa. To akwai wata yarinya da na riƙe shekara biyu, na koya mata komai, har yadda ake auna gishirin tukunyar mutum ɗari. Bara ta yi aure a layinmu ta buɗe nata, ta karya farashi, ta janye min mutum huɗu cikin masu ba ni aiki. Ban ce mata komai ba, har gudummawa na kai. Amma na ƙudurta sai na zo da abin da babu mai yin sa a unguwar.

Maigida yana zuwa Bankok ta ƙasar Thailand saro kayan yara, bana ya ce da ni za a tafi. Ina dube-dube a waya na ga tallar yawon yini guda. Mota za ta ɗauke ku ƙarfe 8 na safe, a ba kowa keke, ɗan rakiya yana gaba, ku yi wajen kilomita 20 cikin ƙauyuka da gonakin shinkafa, a tsaya kasuwar ƙauye a nuna muku kayan miyarsu, daga nan a wuce wata gona a koya muku girki kala biyar: tom yam (romo mai tsami da yaji), pad thai (soyayyiyar taliya), koren kori, kwaɗon gwanda, da shinkafa mai danƙo da mangwaro. Ban tsaya dogon tunani ba na biya baht 2,300, kuɗin ƙasar, da katin ƙanena, kuma an rubuta ba a mayar da kuɗi. Sai da takardar ta shigo na ga Chiang Mai. Wallahi na ɗauka wata unguwa ce a Bankok.

Rabona da keke tun ina aji shida na firamare. Kuma ban san ya zan yi da maganar halal ba. Don Allah wanda ya san wajen ya taimaka.

Alhaji Mai Kwantena: Wa alaikumus salam. Hajiya, tun 2004 nake shiga ƙasar nan, fasfo uku na cika. Kuɗin nan ki ɗauka sadaka kika yi. Chiang Mai kusan kilomita 700 ce daga Bankok, tana can arewa wajen duwatsu. Ɗan kasuwa a Bankok daga kasuwar Pratunam sai ta Bobae sai ofishin masu dakon kaya, da daddare a gangara Nana layin Larabawa a ci abincin da hankali ya kwanta da shi. Abin da ya kai mu ke nan. Girkin mutanen nan kuwa da yawansa alade yana shiga, har ruwan kifin da suke zubawa giya ce. Ki bar maganar.

Anti Bilki: Ni maganar yarinyar nan ce ta tsaya min. Irinta uku na yaye a ɗinki. Ta ƙarshen har littafin awon mutanena ta ɗauki hotonsa shafi-shafi kafin ta tafi. Yanzu ko 'yar cikina ce ba na bari ta ga yadda nake yanka wuya. Allah ya isa dai.

Umar Ɗalibi: Anti, ni a Chiang Mai nake karatu, shekara ta uku. Tukuna, wane wata za ku zo? Kuma kujera ɗaya kika biya ko biyu?

Maman Walida: Ranar 8 ga Afrilu aka rubuta. Alhaji na gode, amma ni ba yawon buɗe ido zan je ba, neman ilimin sana'a ne.

Umar Ɗalibi: To Anti, gaskiya kin faɗa lokaci mafi wuya a shekara. Daga Fabrairu zuwa Afrilu ake ƙone gonaki da daji a arewacin ƙasar da maƙwabta, Myanmar da Laos, garin kuma a kwari yake duwatsu sun kewaye shi, hayaƙin sai ya kwanta ya ƙi tashi. Akwai safiyar da zan fito ɗaki in nemi dutsen Doi Suthep da ke bayan makarantarmu in rasa, kamar an goge shi. Ga Afrilu shi ne watan da ya fi zafi, yana kusantar 40. Gonakin shinkafa kore shar da kika gani a hoto yawanci na damina ne, a Afrilu da yawansu kara ne da busasshiyar ƙasa, sai inda ake noman rani. Da Nuwamba zuwa Janairu ne da ban ce komai ba. Ki rubuta musu ki nemi a mayar miki da shi koyon girki kawai, a cire keken. Wasu suna yarda ko da ba sa mayar da kuɗi.

Maganar ruwan kifi kuma, Alhaji a gafarce ni, ba giya ba ce. Nam pla sunansa, ƙananan kifi ne da gishiri ake jiƙawa watanni har ya tsumu. Kwalabe da yawa ma suna da tambarin halal na majalisar Musulunci ta ƙasar.

Alhaji Mai Kwantena: Yaro, lokacin da na fara zuwa ƙasar nan ƙila ba a yaye ka ba. Abin da aka jiƙa ya kwana watanni yana wari, me sunansa?

Baban Sadik: Daddawa 😂

Maman Walida: Umar, Allah ya yi albarka. Amma zafi kam ni 'yar Sakkwato ce aure ya kawo ni Kano, 40 a wajenmu ba labari ba ne. Hayaƙi kuma ai mun saba da hazo, kuma a bakin murhun icce nake wuni. Keken ne ma ya ja hankalina, ba na son a cire. Shekara goma sha ɗaya daga ɗakin girki sai gidan biki.

Hajiya Turai: 'Yar uwa duk abin da aka ce biya ta waya ki ji tsoronsa. Mu a Dubai aka ce yawon sahara da cin abincin dare, muka biya mu shida, aka bar mu bakin otal tun la'asar har isha babu mota babu labari. Da muka kira lambar sai wani ya ɗauka ya ce shi mai wanki ne. Kuma mijin ƙanwata da ya haɗa mu da su har gobe bai ce a yi haƙuri ba, sai ma cewa ya yi mu ne ba mu tsaya a ƙofar da ta dace ba. Otal ɗin ƙofa ɗaya gare shi.

Malam Nura: Dangane da halal, abin teku a mazhabarmu ta Malikiyya babu matsala, jatan lande da kifi da duk abin da aka yi da su. Inda za ki kula shi ne naman da ba ki san yankansa ba, sai kuma tukwane. Hadisin Abu Sa'alaba ya nuna idan akwai wasu tukwanen a yi amfani da su, idan babu a wanke nasu a ci a ciki. Salla kuma matafiyi yana da sauƙi. Sai dai tambayar da ba a amsa ba: da wa za ki tafi? Kilomita 700 ba zuwa kasuwar Rimi ba ne.

Umar Ɗalibi: Ƙari kan maganar Malam. A irin makarantun nan kowa da murhunsa da kaskonsa, kuma yawanci ana tambaya kaza kake so ko jatan lande ko tofu, wato awara. Ki zaɓi jatan lande ko awara, ki ce a ba ki kasko ki wanke da hannunki. Abin da ya fi saurin shige wa mutum shi ne garin ɗanɗano da romo, don akwai mai ɗanɗanon alade, ki ce ba kya so ko ki taho da naki dunƙulen. A kasuwar ƙauye kuma za ki ga naman alade a shimfiɗe a tebur, ki shirya ranki. Idan kina son cin abinci hankali kwance, akwai masallacin Ban Ho kusa da kasuwar dare, Musulmin da suka zo daga Yunnan ta ƙasar Sin ne suka kafa shi, layin duk masu abincin halal ne. Ki ci khao soi a can, taliya ce cikin romon kori da madarar kwakwa, an barbaɗa soyayyiyar taliya a sama.

Maman Walida: Awara kuma? Na tsallake teku in je in soya awara? 😭

Ramatu Maraɗi: Ni dai ina bayanki, ki tafi abinki. Amma kada ki hau da abaya ko hijabi har ƙasa, sarƙa za ta cafke shi. Diyar wata tamu haka ya faru da ita bisa babur, Allah ya kiyaye da sauran kwana. Wando mai faɗi ki ɗaure ƙafar, riga har gwiwa, ƙaramin hijabi a ƙarƙashin hular kwano. Ki ari keken yara ki riƙa gwadawa cikin gida tun yanzu.

Umar Ɗalibi: Kuma a hagu suke tuƙi Anti, ba dama irin namu ba. Ranar farko da na hau keke na karya kwana na tsinci kaina fuska da fuska da mai a-kori-kura. Sai karnukan ƙauye, suna bin keke. Idan sun biyo ki kada ki ƙara gudu, ki rage ko ki sauka ki sa keken tsakaninku.

Maman Walida: Karnuka?? Ba su rubuta wannan ba.

Alhaji Mai Kwantena: To kun ji. Hayaƙi, kare, alade, hannun hagu. Ni da na ce a bari an ce na tsufa. Kuma ku lissafa: jirgi zuwa da dawowa, otal kwana biyu, duk don kada baht 2,300 ta tafi a banza. An sayar da akuya an sayo igiya ke nan. Ga Songkran ranar 13 zuwa 15, bikin sabuwar shekararsu, gari ya rikice da watsa ruwa, shaguna da yawa a rufe. Mai hankali yana so kayansa su shiga hannun masu dako kafin nan. A wannan satin za ki ce wa mutum ya bar Pratunam ya raka ki hawan keke? Idan girki ne, a Bankok ma makarantun suna nan birjik, ki yi na rabin yini ki dawo masauki.

Anti Bilki: Wannan kam Alhaji ya yi gaskiya. Sannan wa zai sayi miyar kwakwa mai tsami a gidan suna? Mutanenmu idan ba su ga mai ja yana yawo a saman miya ba cewa za su yi an yi musu rowa.

Maman Walida: Anti Bilki haka aka ce lokacin da shawarma ta shigo, yanzu har a lungu ana yi. Kuma na duba, rabin kayan muna da su: tsamiya, gyaɗa, barkono, lemun tsami, kwakwa, gwanda, ciyawar nan mai ƙamshin lemo da muke sawa a shayi. Ko daka kayan korin a turmi suke yi kamar mu. Na Bankok a cikin gini ne, wannan a gona ne za ki tsinko ganyen da hannunki. Ba ɗaya ba ne.

Umar Ɗalibi: Biyu za su ba ki wuya a gida: galangal, wanda ya yi kama da citta amma ɗanɗanonsa daban, ki sa citta tom yam ɗin ya tashi daga tom yam, da ganyen wani lemo mai kaushin bawo. Shinkafa mai danƙo ma iri ce daban, jiƙa ta ake yi a turara, tamu ta tuwo ba za ta ba ki haka ba. Idan dai za ki zo, jirgin sama awa ɗaya da 'yan mintuna ne, jirgin ƙasa na dare kuma wajen awa 13, kuma kusa da Songkran kujeru suna ƙarewa da wuri. Ki taho da takunkumi mai kyau, irin N95.

Malam Nura: Har yanzu ba a amsa tambayata ba.

Hajiya Turai: Ni ma ita nake jira. Maman Walida, shi maigidan ya san da wannan tafiyar?

Maman Walida: Ai shi ya ce in nemi abin da zan yi kada in zauna a otal ina damunsa yana ciniki. Da bakinsa ya faɗa.

Hajiya Turai: Ya ce ki nemi abin yi a Bankok, ko ya ce ki tafi wani gari?

Alhaji Mai Kwantena: Hmm.

Maman Walida: Umar, don Allah karnukan nan manya ne ko irin ƙananan nan? Kuma jirgin ƙasan akwai ɓangaren mata?