Musayar waƙa kan Jan Rush da kyamararsa

Ɗan Gulbi:
Salamu alaikum 'yan'uwa. Jiya na biyo ta Birnin Ƙwanni zan dawo Maraɗi, sai na tuna a yankin nan ne hatsarin mota ya ɗauke Jean Rouch, Bafaranshe mai shirya fim da muke ce wa Jan Rush, a Fabrairun 2004. Ga nawa, mai baiti ya amsa.

A 1941 ya sauka Yamai,
Injiniyan hanya, bai fara fim ba.
Da ya biyo Kwara cikin kwalekwale,
Ƙafafun kyamara ba su kai gaɓa ba.
Sai ya saɓa ta bisa kafaɗa,
Tun ran nan bai ƙara tsayawa nesa ba.

'Yar Tibiri:
Yaya, ka yabi kafaɗa, na ji,
Idon da ke kallon ba ka tambaya ba.
Ya je Akra wurin 'yan borin Hauka,
Kumfar baki ta zubo, bai kau da kai ba.
Ya ɗau yankan kare ya kai Faris,
Ga masu kallon da ba su san bori ba.
Mu a Gobir da goge muka tashi,
Sirrin girka ba mu kai shi kasuwa ba.
Usman Samben, mai fim na Sanagal, ya faɗa masa
Kamar ƙwari yake dubanmu, ban musa ba.

Baban Mokoyo:
'Yata, zafin nan naki na gaskiya ne, ni ma fim ɗin ya taɓa hana ni barci. Amma saurari ta Ayoru, gari a bakin Kwara.

Ya ɗau farautar dorina gun Sarkawa,
Ya ɗora kiɗa, bai shawarce su ba.
Ya koma garin ya rataya farin zane,
Bai ɓoye musu ko hoto guda ba.
Suka ce dorina na ji ƙarƙashin ruwa,
Da wannan kiɗan, da ba mu same ta ba.
Baƙo ya sunkuyar da kai ya ɗau gyara,
Bai ce masunta ba su san sinima ba.
Damure Zika da Lam da Illo,
Fim ɗin tafiyar cin rani, ba a rubuta musu ba.
Su suka zauna gaban hoton kansu,
Suka zuba zance, bai tsoma baki ba.
Umaru Ganda na dako a Abijan,
Fim ɗin Rush na 1958 bai bar shi nan ba.
A 1972 ya ɗauko kambin bikin fim na Wagadugu,
Da fim nasa, ba da aron hannu ba.

'Yar Tibiri:
Baba, na rusuna, na karɓi ta Ayoru,
Ta Akra kuwa ba ta sauka wuyana ba.

Autan Madarumfa:
Baba, Yaya, ga ƙaramin cikinku. Waya kawai gare ni.

Na ɗau Inna tana matsar man gyaɗa,
Tun suya har ƙuli, ban yanke ba.
Na sa waƙar zamani bisa hoton,
Na kai mata tukun, ban saki ba.
Ta ce, ina amon taɓarya da turmi?
Da shi nake gane tunkuza, ba ka sani ba?
Na cire waƙar, na bar mata turminta,
Inda kallabi ya zame, ba ta yarda ba.
Gobe in Allah ya kai mu zan koma,
Tuyan ƙulin ma ban ɗauke shi daidai ba.