Ta ina zan kama tarihin John McGraw?

Auta: Salamu alaikum 'yan zaure. An ba mu aikin rubutu a kan tsofaffin 'yan wasan besbol na Amurka, ni John McGraw na ɗauka. Ta ina zan fara?

Baban Hafsa: Amin wa alaikumus salam. Kowa New York Giants zai tura ka, inda ya yi koci daga 1902 zuwa 1932. Ni dai na ce ka fara da Baltimore. Can ya tsare tasha ta uku (cikin tashoshin da mai gudu ke bi kafin ya ci maki) a ƙungiyar Orioles ƙarƙashin koci Ned Hanlon, suka lashe babbar gasar ƙwararru ta National League a 1894, 1895 da 1896. McGraw ɗan tsurut ne, ba ya cilla ƙwallo bayan katanga, amma fitar da shi sai an yi da gaske. Bugu gajere, satar tasha, tsokanar abokin hamayya, wannan salon ya kwasa ya kai New York. In ba ka san shi a Baltimore ba, ba za ka gane kocin ba.

Malam Ƙarami: Tsokana kaɗai, Baban Hafsa? A zamanin alƙalin wasa ɗaya ne a fili, ana cewa da ya kau da kai sai McGraw ya riƙe ɗamarar mai gudu. Auta, alƙaluma ka duba shafin Baseball-Reference, tarihin rayuwa kuma shafin SABR, ƙungiyar masu binciken tarihin besbol, kyauta ne. Nasara 2,763 ya yi a koci.

Maman Khalil: Ƙanena, nemi littafin Lawrence Ritter na 1966, The Glory of Their Times. Hira ce da tsofaffin 'yan wasa, har da yaran McGraw irin su Fred Snodgrass da Chief Meyers. Ka ji daga bakin waɗanda suka sha faɗansa.

Auta: Na gode Yaya. Kofin World Series nawa ya ɗauka?

Baban Hafsa: World Series, wato karawar zakarun National League da na American League, uku ya ɗauka, a 1905, 1921 da 1922. A 1904 kuwa shi da mai ƙungiyar suka ƙi karawa da Boston, zakarun American League, saboda gaba da shugaban American League, Ban Johnson.

Maman Khalil: Kar ka tsallake 1901. McGraw, yana kocin sabuwar Orioles ta American League, ya so ya saka Charlie Grant, baƙar fata, a ƙungiyar da sunan wai Ba'indiyen Amurka ne, don an hana baƙaƙe wasa a manyan gasanni. Asiri ya tonu kafin a fara kaka.

Auta: To, Baltimore zan fara. Allah ya saka da alheri.