Abin da aka tattauna kan haɗa injin fitar da sigina da Arduino

Ga abin da na tsinta daga maganganun jama'a:

1. Kowa ya yarda allon lantarki na Arduino Uno R3 ba shi da DAC, wato sashen da ke mayar da lambobi zuwa sigina mai hawa da sauka a hankali. PWM yake fitarwa, wato kunnawa da kashewa da sauri, wajen 490 Hz a yawancin ƙafafunsa masu PWM, sai an tace da resisto da kafasita kafin ya yi kama da sain (sigina mai siffar igiyar ruwa).

2. Mafi yawa sun fi son tsanin R-2R (jerin resistoci masu yin aikin DAC) a ƙafafu 8, wanda ke ba da matakai 256. Sharaɗin dai resistocin su zama masu kuskuren 1%, in ba haka ba matakan ba za su daidaita ba. A ajiye jadawalin sain a ƙwaƙwalwa, taima ta riƙa fitar da shi. Delay(), umarnin dakatar da aiki na ɗan lokaci, kam, kowa ya ce a rabu da ita.

3. Nan ne aka rabu. Wasu suka ce a sayi AD9833 (ƙaramin guntu mai samar da sigina) kawai, yana ba da sain, alwatika da murabba'i har 12.5 MHz. Wasu suka ce to me aka koya? Ni dai ina ganin mai son ya gwada da'ira yau ya ɗauki AD9833.

4. ESP32, wani allo daban da Uno, shi kam na da DAC biyu, a ƙafafun GPIO25 da GPIO26.

5. A sa op-amp (guntu mai ƙarfafa sigina) a mafita, don abin da aka haɗa a mafitar na iya janye ƙarfin siginar.