Wanda ya taɓa sayen hannun jari a kamfanin da ake rufewa ya zo ya ba mu labari

Ɗan Kwari: Slm jama'a, ina neman waɗanda irin wannan ya taɓa faruwa da su. Wani abokin kasuwanci ya sayar min da hannun jarinsa a wani ƙaramin kamfanin casar shinkafa, na biya, muka sa hannu a takarda har da shaidu, ashe a lokacin wani da ke bin kamfanin bashi ya riga ya kai ƙara Babbar Kotun Tarayya yana neman a rufe shi kuma ba wanda ya gaya min. Yanzu kotu ta ce a rufe, likwidetan da aka naɗa, wato mai tattara dukiyar kamfani ya biya masu bin bashi, ya ce wai cinikinmu bai tsaya ba. To ai ni na saya tun kafin alƙali ya yanke hukunci, ta ina ya ɓaci?

Tsohon Akawu: Alhaji sannu, Allah ya mayar da alheri. Na yi aiki a wani kamfanin da aka rufe haka kuma nan ne mutane da yawa suka faɗa. Dokar kamfanoni ta 2020, wadda lauyoyi ke ce wa CAMA, ba daga ranar hukunci take fara lissafi ba, daga ranar da aka shigar da ƙarar ne. Duk canjin hannun jarin da aka yi bayan wannan rana babu shi a wajen doka sai in kotu ce ta amince da shi. Mu a namu daraktoci biyu ne suka yi ta raba hannun jarinsu ga 'yan uwa da suka ga jirgi zai nutse, duka aka soke. In kuma masu kamfanin ne suka yanke rufewa da kansu ba kotu, lissafin daga ranar da suka zartar da ƙudurin ne, nan kuma yardar likwideta ake nema.

Uwar Marayu: Ni tawa daban ce amma ciwon ɗaya ne wlh. Maigidana Allah ya jiƙansa yana da kaso a wani kamfanin gine-gine shi da abokansa, bayan rasuwarsa suka ce za su rufe tunda aiki ya tsaya, kuma akwai fili da motoci da za su rage bayan an biya bashi. Sai ga ɗaya daga cikinsu ya fito da takarda wai marigayi ya sayar masa da kasonsa tun yana raye. Ba shaidar biyan kuɗi a banki, ba a taɓa kawo maganar a taron daraktoci ba, ƙanina ya je aka binciko fayil ɗin kamfanin a CAC, hukumar rajistar kamfanoni, sunan marigayi na nan daram. Mutumin da ya zauna zaman makoki da mu fa, yana shafa kan yarana. Muka kai takardun gado, likwideta ya ƙi taɓa kason sai kotu ta raba gardama, kuma ni na ga adalcinsa a nan don da ya biya mutumin da shikenan. Har yanzu muna zuwa kotu, kuɗin lauya daga ɗinkin da nake yi yake fita.

Ɗan Kwari: Allah ya jiƙansa Hajiya, Allah ya raya marayu.

Mai Tirela: Ku ji ta ɓangaren mai sayarwa ma. Na sayar da nawa lafiya lau, ba ƙara ba komai, sai dai hannun jarin ba a gama biyan kuɗinsa ga kamfani ba. Shekara ba ta cika ba aka fara rufewa, wanda ya saya ya kasa cika ragowar, sai ga wasiƙa ta zo min. Lauyana ya ce haka doka take, wanda ya fita ƙasa da shekara ɗaya kafin a fara rufewa ana iya dawowa kansa a kan basukan da aka ci lokacin yana ciki. Na biya ina ji ina gani.

Sakatariya: Don Allah masu rigimar hannun jari ku riƙa tuna ma'aikata. Mu ana can ana jayayyar wa ya sayar wa wa, mu albashinmu na watanni ya maƙale, wani direbanmu sai da ya cire 'ya'yansa daga makarantar kuɗi. Daga baya an biya mu wani abu don albashi na cikin abin da ake fara biya, masu hannun jari kuwa ko sisi ba su gani ba.

Tsohon Akawu: Maganar Sakatariya ita ce ya kamata ka duba Alhaji. Mai hannun jari shi ne na ƙarshe a layi, in kamfanin bashi ya fi dukiyarsa yawa ko kotu ta tabbatar maka da cinikin ba abin da za ka ɗauka sai wahala. Ni a ganina wanda ya karɓi kuɗinka za ka bi, musamman in darakta ne, don da wuya a ce an kai kamfaninsa kotu bai sani ba.

Ɗan Kwari: Darakta ne kuwa Baba, shi ke riƙe da hatimin kamfanin ma.

Uwar Marayu: To ka sa lauyanka ya je rajistarar kotun ya karɓo kwafin ƙarar mai ɗauke da kwanan wata, da shaidar ranar da aka kai wa kamfanin sammaci, ka haɗa da rasit ɗin turawar kuɗinka na banki. Kuma kar ka goge saƙonnin WhatsApp ɗinku ko ɗaya.